Wa ya fara zaunar da kai gaban resilin?

Ɗan Fagge:
Assalamu alaikum jama'ar gida. Jiya da daddare ina kwashe kayan da ke cikin tsohuwar durowar mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, sai na ci karo da kaset ɗin bidiyo guda uku an ɗaure su da kyauron roba. A jikin ɗaya akwai rubutunsa da jan biro: "Hogan da Andre, kada a goge." Wallahi zama na yi a ƙasa riƙe da shi, na daɗe ban tashi ba.

Babanmu tela ne, kuma mutum ne marar yawan magana. Zai iya wuni a kan keke ba ka ji muryarsa ba sai in ya ce a miƙo masa almakashi. Amma duk daren Juma'a, tunda washegari babu makarantar allo, zai biya ta shagon masu ba da hayar kaset ya taho da guda ɗaya a aljihun babbar rigarsa. A shimfiɗa tabarma a tsakar gida, a fito da talabijin a ɗora kan tebur, yaran maƙwabta su cika zaure. Wasan da ke cikin kaset ɗin nan na 1987 ne, WrestleMania na uku, wato babban taron resilin da ake yi shekara-shekara, amma mu sai wajen 1991 ya iso hannunmu. Lokacin da Hulk Hogan ya ciccibi Andre, ƙaton da aka ce ya haura kilo 200, ya maka shi da ƙasa, Baba ya miƙe tsaye ya yi wata irin ƙara har kofin shayinsa ya kife a kan tabarma. Ranar ce na fara jin ihun mahaifina. Ina ɗan shekara tara. Ni ban ma kalli ƙirga ukun da alƙali ke yi a gama wasa ba, fuskarsa nake kallo.

Hogan ɗin ma ya rasu a watan Yulin 2025, Andre kuwa tun 1993. Shi ne nake tambaya: ku wa ya fara zaunar da ku gaban wannan abu? Don ni na lura kusan duk wanda na sani mai son resilin, in ka bi salsala, wani ne a gida ya ja hannunsa.

Tsohon Ma'aikacin Reluwe:
Wa'alaikumus salam. Allah ya jiƙan mahaifinka, ɗana, ya sa aljanna ce makomarsa. Ku yaran bidiyo ne. Mu da muka tashi a Kaduna, a talabijin marar kala muka fara gani, kuma ba a gidanmu ba, a gidan wani maƙwabcinmu da shi kaɗai ke da ita a layin. Yayana ne ke goya ni a kafaɗa in leƙa ta taga, don ɗakin ba ya ɗaukar mu duka.

Kafin a san wani Hogan a ƙasar nan, sunan da ke bakin kowa shi ne Power Mike. Michael Okpala sunansa, mutumin Anambra ne. Ya kayar da Ali Baba na Lebanon a 1973, ya ajiye kokawa a 1976, ya koma shirya wasanni yana gayyato 'yan kokawa daga ƙasashen waje. Ta haka mutanenmu suka san su Mighty Igor da Mil Mascaras, ɗan Meziko mai rufe fuska. A zamaninmu in yaro ya cika ƙarfi a unguwa, Power Mike ake ce masa. Ya rasu a 2004. Yaran yanzu da yawa ko sunansa ba su taɓa ji ba, kuma abin yana yi mini ciwo, domin namu ne.

Yayan nan nawa yana nan da rai, idonsa ya yi rauni. Har gobe in na je gaishe shi sai ya tambaye ni ko mai rufe fuskar nan ya taɓa bari an ga fuskarsa.

Ɗan Fagge:
Amin Baba, na gode. Allah ya ƙara wa yayanku lafiya. Na sha jin sunan Power Mike a bakin Babanmu, amma yau na san sunansa na yanka.

Maman Biyu:
Ni kakata ce, mahaifiyar babanmu. Na san wasu za su yi mamaki, amma duk gidanmu babu mai bin resilin kamar Iya. Ɗakinta ne ke da talabijin, don haka dole a can ake kallo, tun tana korar mu har ta koma ita ke aikawa a kira mu. Tana zaune bakin gado da carbinta da ɗan goronta a gefen zane.

Nata gwanin Undertaker ne, ita Andateka take ce masa. Da an kashe fitilu an buga ƙararrawar nan, sai ta ce "A'uzu billahi, ga shi nan," ta ƙara gyara zama. Ta yi imani ba mutum ba ne sak. Ta ce duk wanda za a kwantar da shi haka ya miƙe zaune kamar an ja shi da igiya, yana juya ido sai fari, to akwai abin da ke tare da shi. Shi kuma mai riƙe masa tulun nan, Paul Bearer, ba ta ƙaunar ko ganinsa, ta ce shi ne bokan.

Da Brock Lesnar ya kayar da shi a 2014, bayan ya ci wasa 21 a jere a WrestleMania ba a taɓa kai shi ƙasa ba, muka haɗa baki muka ɓoye mata. Lokacin jikinta ya yi nauyi. Kusan wata biyu ba ta sani ba, sai wani jikanta ƙarami ya yi suɓul da baka. Ta yi shiru can, sannan ta ce a kawo mata wasan ta gani da idonta. Ta kalla har ƙarshe, ta ga yadda mutanen filin suka yi tsit da baki buɗe, ta ce a kashe. Ba ta ƙara neman resilin ba har Allah ya karɓi abinsa. Ni yanzu in na ji ƙarar ƙararrawar nan, ƙamshin turaren ɗakinta nake ji.

Malam Mai Alli:
Allah ya jiƙan magabatanmu. Ku yi haƙuri zan shigo da abin da ba zai yi daɗi ba, amma shekarata goma sha bakwai ina koyarwa a firamare, na ga abin da ba ku gani ba. Na farko, abin nan shiri ne. An san wanda zai ci tun kafin a hau. Na biyu, yara ba su san haka ba. Na taɓa ɗaukar yaro ɗan aji huɗu a hannuna zuwa asibiti, ƙashin kafaɗarsa ya karye, saboda abokinsa ya hau kan benci ya diro masa lokacin tara. Da na tambayi wanda ya yi, kuka yake yana cewa ai a talabijin in an yi tashi suke. Mahaifiyar yaron ƙosai take sayarwa, da kuɗin jarinta aka yi ɗori.

To ku da kuke yabon iyayen da suka koya muku kallo, ina roƙonku ku faɗi wannan ɓangaren ma. Gadon da ake bar wa yaro ba duka ne na alheri ba.

Bazazzagi:
Malam, maganarka ta biyu babu mai musu a kanta, Allah ya saka maka da abin da ka yi wa yaron. Amma ta farkon bari in ɗan tsaya a kai, don kullum da ita ake yi mana gori kamar wani asiri aka tona. Su kansu masu abin ba su ɓoye ba. Tun 1989 kamfanin WWF, wanda yanzu ake kira WWE, ya faɗa a gaban majalisar jihar New Jersey cewa nishaɗi ne aka tsara, ba gasa ba. Wanda zai ci an san shi, wanda zai zama mugu da wanda zai zama na kirki duk an raba. Alƙalin wasan ma da abin sauraro a kunnensa, ana gaya masa saura minti nawa, shi kuma ya raɗa musu.

Abin da ba a iya shiryawa shi ne faɗuwa. Dandamalin nan katako ne a kan ƙarfe, da 'yar katifa siririya da tamfol a sama. A 1997 Steve Austin ya faɗi a kan kansa, wuyansa ya samu rauni, ciwon da ya bi shi har ya bar kokawa da sauran ƙarfinsa. A 1998 Undertaker ya wurgo Mankind daga saman keji ya faɗo kan teburin masu sharhi, aka ɗauke shi a gadon marasa lafiya, ya sauko ya koma ya ci gaba. A 1999 Owen Hart ya faɗo daga saman rufin fili a Kansas City lokacin da ake sauko da shi da igiya, ya mutu. A 2001 naman cinyar Triple H ya tsinke ana tsakiyar wasa, ya ƙarasa a haka. Wannan duka ba fenti ba ne.

Ni ƙanin mahaifina ne ya koya mini kallo, kuma shi ne ya fara ce mini, kada ka kalli mai duka, kalli wanda ake duka. Shi ne mai aikin. Shi zai san yadda zai faɗi da faɗin baya, ya tanƙwashe haɓa don kada ƙeyarsa ta bugu, ya nuna zafi har na kujerar ƙarshe ya ji a jikinsa. Mutum biyu ne kowa ya ba ɗan'uwansa amanar wuyansa. Tun daga ranar kallona ya canza, kuma son abin bai ragu ba, ƙaruwa ya yi.

Malam Mai Alli:
To ai ka ƙara mini hujja ne, ɗan'uwa. In ƙwararrun da suka shekara suna koyo suna karyewa suna mutuwa, ina ga ɗan shekara tara a kan siminti?

Bazazzagi:
Haka ne Malam. Shi ya sa nake ganin yaron da ya kalla a gefen babba ya fi wanda ya kalla shi kaɗai a waya tsira. Baffana da bakinsa ya ce mini ranar da ya ji na gwada a kan wani, kallo ya ƙare. Kuma na san zai aikata.

Ɗan Maraɗi:
Salamu alaikum 'yan uwa na Najeriya. Mu nan labarinmu ya ɗan bambanta, don mun tashi da kokowarmu ta gargajiya. Tun 1975 ake gasar takobi ta ƙasa, kowace shekara a wata jiha, kuma in ana yinta gari kan yi tsit, kowa na jikin rediyo ko talabijin. Mahaifina ya yi kokowa a ƙauye da ƙuruciyarsa, bayan girbi. Shi a wurinsa da an kai mutum ƙasa magana ta ƙare, babu wani ƙirga uku. Da ya ga muna kallon ta Amurka sai ya ce wannan ai wasan yara ne, a ce an ka da mutum sau goma yana tashi?

Wata rana yana wucewa ya ga Kurt Angle. Ya tsaya da butarsa a hannu. Ya ce, wannan mai saƙon kan ya san kokowa, ku dubi yadda yake dasa ƙafa, ku dubi inda yake sa hannu a ƙugu. Muka ce masa ai ya ci zinare a gasar Olamfik ta 1996 a Atlanta, ta gaske ba shiri. Ya ce ai na gani, jiki ba ya ƙarya. Daga ranar in Angle zai yi wasa sai mun kira shi. Sauran kuwa bai taɓa ba su minti biyar ba. Yakan tashi ya nuna mana da jikin ƙanina yadda ake shiga ƙarƙashin mutum a raba shi da ƙasa, a hankali, a kan rairayi. Ni ta nan na so duka biyun. In Issaka Issaka, gwanin kokowarmu ta Nijar, zai shiga fili ina nan, in WrestleMania ta zo ma ina nan.

Tsohon Ma'aikacin Reluwe:
Mahaifinka ya san abin da yake faɗa. Ka gaishe shi in yana raye.

Ɗan Maraɗi:
Yana nan Baba, zai ji.

'Yar Zangon Kumasi:
Ni kawuna ne, ƙanin mamana, direban babbar mota. Duk dawowarsa daga tafiya da faifan resilin a jakarsa. Shi ne ya fara ce mana Kofi Kingston ɗan garinmu ne, lokacin ana sanar da shi a matsayin ɗan Jamaika yana ta kwaikwayon maganarsu. Muka ƙi yarda. Kawu ya ce ku da kunnenku, a ina kuka taɓa jin Kofi in ba a nan ba, sunan wanda aka haifa ranar Juma'a? Ashe gaskiyarsa ce, a Kumasi aka haife shi, daga baya su ma suka koma cewa daga Gana yake.

Daren da ya ci kambun WWE a hannun Daniel Bryan a 2019, bayan shekara goma sha ɗaya yana kamfanin, ba mu yi barci ba. Shi ne haifaffen Afirka na farko da ya riƙe wannan kambu. Kawu yana hanya, ya faka mota ya kira ni, ina riƙe da waya a jikin talabijin yana saurare. Da aka ƙirga uku na ji yana ta danna hon shi kaɗai a cikin dare. A shekarar Kofi ya zo gida da kambun, har ya je gaida Asantehene, sarkin Asante.

Abin da har yau ban yafe ba shi ne yadda aka karɓe shi. Wata shida yana riƙe da shi, aka sa Brock Lesnar ya gama da shi cikin 'yan daƙiƙoƙi. Malam ya ce shiri ne, to ai shi ya sa ya fi zafi. Wani ne ya zauna ya rubuta cewa haka za a yi wa mutumin.

Maman Biyu:
Wannan Lesnar ɗin dai ya shiga hakkin gidaje da yawa, 'yar'uwa.

Autan Hajiya:
Ina gaida manya. Ni nawa a juye yake, babu wanda ya koya mini, ni na koya wa gida. A shagon gem na fara sanin su John Cena da Rey Mysterio, ina biyan kuɗi ina buga su a PlayStation kafin in taɓa ganin wasansu na gaske. Daga baya na riƙa kallo a MBC Action, yanzu kuma a waya.

Hajiyarmu da farko faɗa take, ta ce ƙatti ba riga suna ta ihu. Ranar da na nuna mata hoton Sami Zayn da harami a Makka a 2023, na ce mata Musulmi ne, iyayensa 'yan Siriya, a Kanada aka haife shi, sai ta karɓi wayar ta ƙura masa ido. Tun daga nan ya zama ɗanta. In an taru ana dukansa sai ta ce, kai Auta, ba shi da 'yan'uwa ne a wurin? Ita ba ruwanta da kambu, labarin take bi: wa ya ci amanar wa, wa ya juya wa ɗan'uwansa baya. Rigimar gidan su Roman Reigns da Jey Uso ta fi ni riƙe ta.

Bazazzagi:
Auta, Hajiya ta gano bakin zaren. Kuma ka ga abin da Ɗan Fagge ya faɗa a kanmu masu kallo, haka yake a wurin masu yi. Roman Reigns da su Uso da Rikishi da marigayi Yokozuna duk zuri'a ɗaya ce ta mutanen Samowa, uban Roman da baffansa ma 'yan kokawa ne. The Rock ubansa Rocky Johnson ɗan kokawa, kakansa na wajen uwa Peter Maivia ɗan kokawa. Bret da Owen 'ya'yan Stu Hart ne, a ɗakin ƙasa na gidansu a Calgary aka horar da su. Rey Mysterio har wasa ya yi da ɗansa Dominik. Cody Rhodes kuwa duk labarinsa a kan kambun da mahaifinsa Dusty bai samu riƙewa ba ne, sai a 2024 ya karɓe shi daga Roman, wanda ya yi kwana 1,316 da kambu a hannu. Kamar gidan maƙera ne ko gidan wanzamai, ɗa ya buɗe ido ya ga sana'a.

Kuma yanzu namu sun shiga. Omos ɗan Legas ne, Oba Femi ma ɗan Najeriya ne, Apollo Crews iyayensa 'yan Najeriya ne. Ba kamar da ba, da aka shafa wa Kamala fenti aka ce daga Yuganda yake alhali mutumin Mississippi ne.

Maman Biyu:
Akwai abin da ba a taɓo ba, kuma a matsayina na uwa shi ya fi damuna: shigar matan, da wasu maganganun. Na wajen 1998 zuwa 2001 ma ya fi muni, akwai abin da ba za ka so yaro ya gani ba. Iya da kanta take cewa a wuce wurin. Ni yanzu sai na fara kallo ni kaɗai da dare, in san inda zan tsallake, sannan mu zauna da yaran ranar Asabar. Wasannin da ake yi a Saudiyya sun fi mini sauƙi, don tun da aka fara wasan mata a can a 2019 suna rufe jikinsu. Aiki ne, amma na fi son haka da in hana su su je su kalla a wayar wani.

Malam Mai Alli:
Hajiya, da duk iyaye haka suke yi da ban buɗe baki ba. Kuma tunda kowa ya faɗi nasa, bari in faɗi nawa don kada a ce na ɓoye. Ni ma yayana ya sha kai ni gidan kallo a bayan kekensa, shi ke biya mini. Bret Hart nake so. Yana fitowa zai cire tabaransa ya sa wa wani yaro a cikin 'yan kallo, ni kuma in kwana ina tunanin da ni ne yaron. Yayan nawa ya saya mini tabarau na roba a kasuwa da sallah, ya durƙusa ya sa mini da hannunsa kamar yadda Bret yake yi. Ya rasu shekara shida ke nan.

Ra'ayina a kan yara bai canza ba. Duk zangon karatu sai na tsaya a gaban taron safe na ja musu kunne, kuma zan ci gaba.

Ɗan Fagge:
Allah ya jiƙan yayanka Malam, da Iya, da duk namu da suka rigaye mu. Na karanta kowane saƙo, wasu sau biyu. Jan kunnen da ka yi na ɗauka, don ina da ɗan shekara takwas mai ƙiriniya, kuma zan yi masa irin sharaɗin baffan Bazazzagi kafin mu zauna.

Yanzu ga matsalata. Na san wasan yana intanet, minti ɗaya zan nemo shi. Amma wannan kaset ɗin nake so yaron ya gani, wanda kakansa ya rubuta wa suna da hannunsa. Na buɗe murfin na duba, zaren bai tsinke ba, sai ɗan farin ƙura-ƙura a gefe ɗaya. Akwai wanda ke da bidiyo mai aiki a Kano, ko ya san mai gyaran da har yanzu yake taɓa su?

Tsohon Ma'aikacin Reluwe:
Ɗana, kada ka sa shi a inji da wannan farin a jiki, fumfuna ce, za ta ɓata kan injin ta kuma cinye hoton. A fara goge zaren a hankali tukuna. Ina da bidiyo a ajiye cikin kwalinta, da na gwada ta bara tana aiki. Jikana zai shigo Kano ranar Laraba, zan ba shi ya taho maka da ita. Ka turo mini lambarka ta akwatin sirri. Sauran kaset biyun me aka rubuta a jikinsu?

Ɗan Fagge:
Allah ya saka da alheri Baba, na tura yanzu. Ɗaya an rubuta "Andateka 1991". Ɗayan babu rubutu ko kaɗan, sai mun saka za mu gani.